Manjo-Janar Hassan Usman Katsina

Mutanen Rabah da Wurno da Goronyo ba su manta da ranar Asabar, 15 ga Janairu, 1966 ba. A ranar nan, cikin watan azumi, waɗansu hafsoshin soja suka kashe Sardaunan Sakkwato, Ahmadu Bello, haifaffen Rabah, a gidansa na Kaduna. Wanda nauyin Jihar Arewa ya faɗo wa bayan wannan musiba shi ne Manjo Hassan, ɗan Sarkin Katsina Usman Nagogo, yana da shekara 32 kacal.

An haifi Hassan a 1933. Ya yi Midil ta Katsina da Kwalejin Barewa, sa'an nan ya shiga soja a 1956, a zamanin da ba safai ɗan sarki ya kan sa kakin soja ba. Aka aika da shi makarantar hafsoshi ta Sandhurst a Ingila, ya kuma yi aikin kiyaye zaman lafiya a Kwango. Ko da ya ke shi mahayin doki ne, gwanin folo kamar mahaifinsa, a bariki motocin sulke aka damƙa masa, su ya ke shugabanta a Kaduna sa'ad da abin ya auku.

Da Janar Ironsi ya karɓi mulki, sai ya naɗa shi Gwamnan Arewa. To, shekarar nan ba ta yi wa kowa daɗi ba. A watan Mayu aka kafa dokar soke jihohi, tarzoma ta tashi a garuruwan Arewa. A watan Yuli soja suka kashe Ironsi, Yakubu Gowon ya hau. A farkon Oktoba kuwa sojan bataliya ta biyar suka yi tawaye a Kano, aka kashe Ibo masu yawa, abin baƙin ciki da kunya. Hassan bai aika da wakili ba, shi da kansa ya tafi Kano ya tsaya gaban mutanen da suka ƙi jin maganar hafsoshinsu, alhali bindigogi na hannunsu. Wannan tsayuwa ta fi yaƙi wuya, gama a fagen fama mutum ya san inda abokin gabansa ya ke.

Ya halarci taron sulhu na Aburi a Gana cikin Janairu 1967, amma sulhun bai ɗore ba. Ran 27 ga Mayu aka raba Arewa jiha shida, Sakkwato ta zama hedkwatar Jihar Arewa maso Yamma, watau shi ne Gwamnan Arewa na ƙarshe.

A 1968, ana tsakiyar yaƙin basasa, aka mai da shi Shugaban Hafsoshin Sojan Ƙasa. Kafin yaƙi sojan Nijeriya ba su fi kamar 10,000 ba, amma da aka ƙare shi a Janairu 1970 sun kai wajen 250,000, har da tsofaffin sojan Burma da aka sake kira. Kowane ɗaya daga cikinsu sai an koya masa harbi, an ba shi kaki da abinci da albashi, an kai masa harsashi har bakin daga. Irin aikin da ya rataya a wuyan ofishin Hassan ke nan, aikin da maroƙa ba su cika yi wa kirari ba.

Ya bar wannan muƙami a 1971, ya yi ritaya a 1975 bayan an tumɓuke Gowon. Ya rasu ran 24 ga Yuli, 1995, yana riƙe da sarautar Ciroman Katsina. Allah ya ji ƙansa.