Tarihin Mawaƙa: Yaro Mai In'ina da Ƙofar da Aka Buɗe Masa a Landan

 Kamar yadda muka saba, ga rubutaccen shirin nan saboda waɗanda data ba ta bari su saurara ba.

Yau za mu leƙa Ingila ne, kan wani mawaƙi da na san da yawanku kun sani ko da ba ku riƙe sunansa ba. In kun taɓa jin sabon zubin waƙar "Peru" ta Fireboy DML wanda ya fito a ƙarshen 2021, ko "For My Hand" ta Burna Boy a 2022, to wannan Baturen mai jan gashi da ke cikinsu shi ne Ed Sheeran. Amma ba zancen kuɗinsa ko filayen ƙwallon da yake cikawa za mu yi ba. Za mu koma can baya ne, lokacin da babu wanda ya san shi, mu ga daga wajen su wa ya koya, kuma su wa suka riƙe masa hannu. Don labarin da aka fi yaɗawa shi ne wai yaro ne da jitarsa kawai, ya yi ta fama shi kaɗai har ya kai. To gaskiya ba haka abin yake ba.

An haife shi ranar 17 ga Fabrairu, 1991, a garin Halifax da ke arewacin Ingila. Yana ƙarami iyayensa suka koma Framlingham, wani ɗan ƙaramin gari a yankin Suffolk, can gabashin ƙasar. Gidansu ba na talakawa ba ne, ba kuma na attajirai ba. Mahaifinsa harkar zane-zane da baje kolinsu yake yi, kuma asalin kakanninsa na wajen uba 'yan ƙasar Ailan ne. Ku riƙe wannan, zai dawo.

Yarintarsa ba ta zo da sauƙi ba. An haife shi da jan tabo a fuska, wanda aka riƙa cire masa da hasken leza. A wani jawabi da ya yi a New York a 2015, a taron wata cibiya mai taimaka wa masu in'ina, ya ce wata rana an yi masa aikin ba a sa masa maganin kashe zafi ba, kuma daga nan in'ina ta kama shi. Ga manyan tabarau, ga jan gashi, ga magana ba ta fita. Duk wanda ya yi firamare ya san abin da yara ke yi wa irin wannan yaro.

To ta ina maganin ya ɓullo? Ta inda ba a zata ba. Yana ɗan shekara tara mahaifinsa ya sayo masa faifan Eminem mai suna The Marshall Mathers LP, wanda ya fito a 2000. A cewarsa, wani baffansa ko kawunsa ne ya ce wa uban ai Eminem shi ne sabon Bob Dylan, uban kuma bai san irin ashariyar da ke ciki ba. Yaro ya zauna ya haddace faifan kaf. Eminem kuwa gambarar zamani yake yi, wato rap, da sauri kamar ana korarsa, amma kowace gaɓa tana faɗawa daidai kan kiɗa. Bin wannan saurin ne, in ji Sheeran, ya warware masa harshe. Kun ga tun kafin ya iya riƙe jita, rap ya riga ya shiga jininsa.

Wannan makaranta ta farko kenan. Ta biyu kuma a gida take, da cikin motar mahaifinsa: Bob Dylan, Joni Mitchell, Elton John, da Van Morrison ɗan Ailan ta Arewa. Waɗannan mutane ne da suke rubuta waƙarsu da kansu, su ba da labari a ciki. Sai a watan Yunin 2002, lokacin bikin cikar Sarauniya Elizabeth shekara 50 a kan mulki, ya ga Eric Clapton a talabijin yana kaɗa "Layla" a fadar Buckingham. Yana ɗan shekara 11. Daga ranar ya ƙudurta sai ya koyi jita.

Amma wanda ya sa shi fara rubuta waƙa shi ne Damien Rice, mawaƙin Ailan. Mahaifinsa ya kai shi kallonsa a wani ɗan ƙaramin gidan wasa mai suna Whelan's a Dublin, lokacin bai kai shekara 14 ba. Abin da ya gani ya tsaya masa a rai: mutum ɗaya, jita ɗaya, ba ganguna ba 'yan amshi, amma ɗaki ya yi tsit. Wato ba sai kana da ƙungiya ba. Ya dawo gida ya hau rubutu, kuma zuwa 2005 ya fitar da ɗan ƙaramin faifai da kansa mai suna The Orange Room.

Akwai kuma wasu mutum biyu da ba a cika ambata ba, Nizlopi, waɗanda waƙarsu "JCB Song" ta zo ta ɗaya a Birtaniya a Disambar 2005. Ɗaya na jita da rera waƙa, ɗayan na kaɗa babban garayar Turawa yana kuma yin kiɗa da baki. Su ne suka nuna masa a aikace cewa ana iya haɗa waƙar jita da salon hip-hop. Ya yi ta binsu har suka ɗauke shi yaron gyara musu jita. A wajen wasansu ne kuma ya ga wani ɗan Ailan mai suna Gary Dunne yana amfani da wata na'ura da ake takawa da ƙafa. Yadda take aiki shi ne: ka buga jikin jita kamar ganga, ka taka, na'urar ta naɗa ta riƙa maimaitawa. Ka ɗora kiɗa a kai, ka taka. Ka ɗora murya, ka taka. Cikin minti ɗaya mutum ɗaya ya zama ƙungiya guda. Wannan na'urar ce ta zama tambarinsa har yau.

A 2008, yana ɗan shekara 17, ya tattara ya tafi Landan. Nan fa aka sha wuya. Duk inda aka ba shi makirufo zai hau, ko mutum biyar ne a wurin. Ya ce a 2009 kaɗai ya yi wasa sama da 300. Kwana kuwa a kan kujerun falon abokai, wani lokaci a cikin jirgin ƙasa na ƙarƙashin birni. Kamfanonin faifai suka yi ta juya masa baya. A ganinsu yaron bai yi kama da tauraro ba, kuma wannan haɗin gambizar na jita da rap ba zai sayu ba. Wato abin da ya bambanta shi da kowa, shi ne dai abin da aka ce ya bari.

To a nan ne labarin ya juya. A wancan lokacin akwai wani salon kiɗa da ake kira grime, wanda ya taso a gabashin Landan a farkon shekarun 2000, yawanci a hannun matasa baƙaƙen fata 'ya'yan 'yan Afirka da Karebiyan. Manyan gidajen rediyo ba sa sa shi, sai gidajen rediyon bayan fage irin su Rinse FM a lokacin. Wani matashi mai suna Jamal Edwards, wanda aka ba kyautar kyamara yana ɗan shekara 15, ya buɗe tasha a YouTube mai suna SBTV a 2006, yana ɗaukar waɗannan mawaƙa a kan titi da cikin unguwa. A Fabrairun 2010 ya ɗauki Sheeran yana rera "You Need Me, I Don't Need You", da jita da na'urarsa, yana zuba rap. Waƙar kuwa habaici ce ga kamfanonin da suka ƙi shi.

Ku duba abin da kyau. Tashar da aka gina don yaran da masana'antar waƙa ta rufe wa ƙofa, ita ce ta buɗe wa wani farin yaro daga ƙauyen Suffolk ƙofa. Bidiyon ya bazu. Mawaƙi Example ya gani ya ɗauke shi yawon wasanni. A shekarar dai ya sayi tikiti ya tafi Los Angeles ba tare da wani tabbaci ba, inda Jamie Foxx ya ga wasansa, ya ba shi masauki da ɗakin naɗar waƙa a gidansa.

Sai Janairun 2011, ya fitar da No. 5 Collaborations Project, ba kamfani a bayansa. Kowace waƙa da mawaƙin grime ko rap a ciki: Wiley, Devlin, Ghetts, Wretch 32, JME wanda iyayensa 'yan Najeriya ne, da Sway mai asali da Ghana. Faifan ya hau mataki na biyu a iTunes, ya sayar da sama da kwafi 7,000 a makon farko. Waɗanda suka ce ba zai sayu ba, su ne yanzu ke layi. Ya sa hannu da Asylum Records da ke ƙarƙashin Atlantic.

Waƙarsa ta farko a hannunsu, "The A Team", ta fito a Yunin 2011 ta shiga ta uku. Ya rubuta ta ne bayan ya yi wasa a wata mafakar marasa matsuguni a Landan, ya ji labarin wata mata da ƙwaya ta ɗaiɗaita. Kiɗan mai taushi ne irin na Damien Rice, labarin kuwa na titi ne, irin wanda 'yan rap ba sa kawar da kai daga gare shi. Makarantun nan biyu sun haɗu a waƙa ɗaya. A Satumba kundinsa mai alamar tarawa, "+", ya shiga na ɗaya, sannan a Fabrairun 2012 ya ɗauki kyautar Brit guda biyu. A Yulin 2015 ya cika filin Wembley dare uku, shi kaɗai da jita da na'urar nan ta ƙafa. A 2017 kuma ya fito a waƙar Eminem mai suna "River", mutumin da faifansa ya warware masa harshe.

Akwai tambayar da wasu ke yi, kuma ta cancanci a yi ta: me ya sa baƙon da ya shigo ya fi masu gida cin riba? Da yawan waɗanda suka ba shi dandamali ba su samu ko kaɗan daga irin kuɗin rediyo da tallan da aka zuba masa ba. Wannan ba laifinsa ba ne shi kaɗai, tsarin kasuwar ne, amma ba a share shi daga tarihi. Abin da za a yaba masa shi ne bai taɓa musun bashin ba. Jamal Edwards ya rasu ranar 20 ga Fabrairu, 2022, yana da shekara 31. A Janairun 2023 Sheeran ya koma SBTV ya yi masa waƙar ta'aziyya mai suna "F64", da salon rap, a tashar da ta fara nuna shi ga duniya.

Don haka in kana waƙa ko rubutu ko wata sana'a, kuma ana ce maka abin da kake haɗawa bai dace da juna ba, ka tuna da yaron nan. Haka kuma in ka kai, ka riƙa faɗin sunan wanda ya riƙe maka kyamara ranar da babu mai kallonka.

Nan za mu dakata a yau. Ku faɗa mana mawaƙin da kuke so mu tono tarihinsa a shiri na gaba. Sai mun sake haɗuwa, ku huta lafiya.