Tozon Raƙumi: Ƙarfen da Ya Faɗo Daga Sama Ya Ƙare a Al-Murabba

A unguwar Al-Murabba ta birnin Riyad, daf da fadar da Sarki Abdul'aziz ya gina a wajen tsohuwar ganuwa a ƙarshen shekarun 1930, akwai Gidan Tarihi na Ƙasar Saudiyya. An buɗe shi a 1999, lokacin bikin cika shekara ɗari, a lissafin Hijira, da kama Riyad da sarkin ya yi a 1902. Zauruka takwas gare shi, na farko kuwa ya shafi ɗan Adam da sararin samaniya. A nan ne aka girke wani dunƙulen ƙarfe baƙi wuluk, mai nauyin fiye da tan 2, jikinsa duk lotsa-lotsa, wanda ake kira Tozon Raƙumi. Kafin ya zo ya zauna a inuwa, ya daɗe yana yawo a bakin mutane.

Labarin ya faro ne daga Rub'ul Khali, babbar hamadar nan ta kudancin yankin Larabawa. Ƙauyawan Larabawa, musamman 'yan kabilar Al Murra da suka san lungu da saƙon wannan rairayi, sun gaji zance daga kakanninsu cewa akwai wani birni mai suna Wabar ko Ubar, na wani sarkin mutanen Adu, wanda ya yi ɗagawa har aka aiko masa da wuta daga sama. Sun ce ganuwarsa tana nan a ƙone. Sun ce lu'ulu'un matan sarkin suna nan warwatse a ƙasa, wuta ta mayar da su baƙaƙe. Sun kuma ce akwai wani ƙarfe a wurin da ya kai girman raƙumi, shi ya sa ma suke ce wa wurin Al-Hadida, wato ƙarfe da Larabci.

Duk wanda ya zauna gaban malami a Kano ko Sakkwato lokacin tafsirin azumi ya san ɗan'uwan wannan labari, wato ƙissar Shaddadu ɗan Adu da birninsa Iram na zinariya da azurfa. Sai dai a lura da abu guda. Alƙur'ani ya ambaci Iram a Suratul Fajri, ya kuma bayyana cewa iska ce ta hallaka mutanen Adu, wato mutanen Annabi Hudu, dare bakwai da yini takwas. Zancen tubalin zinariya da birnin da ke ɓoye cikin hamada ƙari ne na masu ƙissa, kuma tun ƙarni na 14 Ibn Khaldun ya yi watsi da shi a Muƙaddimarsa. Wuta da baƙin lu'ulu'u kuwa na makiyayan hamada ne, waɗanda suka ga wani abu da idonsu suka nema masa bayani.

Wanda ya ɗauki maganarsu da gaske shi ne wani Baturen Ingila, St John Philby, mashawarcin Sarki Abdul'aziz, wanda ya musulunta a 1930 aka raɗa masa Abdullahi. Ya so ya zama Bature na farko da zai ratsa Rub'ul Khali, amma Bertram Thomas ya riga shi a 1931, abin da ya ci masa rai ƙwarai. A watan Fabrairun 1932 'yan jagoransa suka kai shi Al-Hadida, fiye da kilomita 500 kudu maso gabas da Riyad. Ya hau tudu yana ɗokin ganin kufan birni, sai ya iske wasu manyan ramuka biyu, yashi ya cinye rabinsu, bakinsu zagaye da baƙin abu kamar kashin maƙera. Ya ɗauka bakin dutse mai aman wuta ne. Mutanensa kuwa suka duƙufa suna cika jakunkuna da lu'ulu'un matan sarki. Ƙarfe mai girman raƙumi bai samu ba. Guntun da aka kawo masa bai wuce girman zomo ba.

Da samfuran suka isa Gidan Tarihi na Birtaniya a Landan, masanin ma'adinai L. J. Spencer ya gano gaskiyar lamarin. Ƙarfen haɗe yake da sinadarin nikel, irin wanda ake samu a duwatsun da ke faɗowa daga sararin samaniya. Lu'ulu'un nan kuma gilashi ne: zafin karon ya narkar da yashi, ya gauraya shi da ɗan ƙarfe, ya watsa shi sama, ya sauko ɗigo-ɗigo ya daskare.

To ina raƙumin? Ashe makiyayan ba ƙarya suka yi ba. Tudun yashin wurin tafiya yake yi, yau ya rufe gobe ya buɗe. A 1966 wani ɗan jaridar mujallar National Geographic, Thomas Abercrombie, ya tarar iska ta yaye dunƙulen, daga baya ma'aikatan kamfanin Aramco suka ɗauko shi da manyan motoci. Ya yi shekaru a Jami'ar Sarki Saud kafin a mayar da shi Al-Murabba.

A 1994 da 1995 masana irin su Jeffrey Wynn da Eugene Shoemaker suka auna wurin da kyau. Ramuka uku suka tabbatar, masu faɗin mita 116 da 64 da 11. Abin da ya fi ba da mamaki shi ne shekarun: gwajin da aka yi wa yashin da ya ƙone ya nuna abin bai fi kimanin shekara 300 da faruwa ba. Wato lokacin da wutar nan ta faɗo, hasumiyar Gobarau ta Katsina ta riga ta tsufa. Babu abin da ya haɗa ramukan da mutanen Adu, ko kusa ko alama. A ganina nan ne labarin ya fi armashi, domin yana yiwuwa kakannin waɗanda suka yi wa Philby jagora sun ga hasken da idonsu, amma cikin 'yan zuriyoyi kaɗan baki ya ɗauki abin ya kai shi zamanin annabawa.

Mu ma ba baƙin irin wannan ba ne. Dattawa a karkara suna nuna gatarin aradu, su ce tsawa ce ta jefo shi, alhali gatarin dutse ne da mutanen dā suka sassaƙa da hannunsu. Wanda ya faɗo daga sama da gaske kuwa ba mu cika zancensa ba: ranar 3 ga Oktoban 1962 wani dutse mai nauyin kilo 18 ya faɗo kusa da wani manomi a Zagami ta ƙasar Katsina, kuma bincike ya nuna daga duniyar Mirrihu ya ɓallo.

Masu neman Ubar ba su haƙura ba. A 1992 wasu suka ce sun gano shi a Shisr ta ƙasar Oman, har yau kuma masana ba su daidaita a kai ba. Tozon Raƙumi dai yana nan a zauren farko. Bahaushen da aiki ko karatu ya kai shi Riyad, ya daure ya leƙa Al-Murabba da 'ya'yansa su gan shi.