Mugambo: sunan da ya cinye mai shi

A gidajen kallo na Tasawa da Mayahi, inda ake tada gurup da almuru a kunna fim ɗin Indiya, duk wanda ya girma a kan waɗannan bencina ya san Mugambo. Amma ka ce masa Amrish Puri, sai ya tambaye ka ko wane ne.

Manyan jarumai mu muka raɗa musu suna da bakinmu. A Kano an kira Dharmendra Sarkin Ƙarfi, Sanjay Dutt kuma Ɗan Daba Mai Lasin, Rishi Kapoor aka ce masa Mace saboda shigar mata da ya yi a wani fim. Amrish Puri kuwa ba mu ƙirƙira masa komai ba. Sunan da ya ɗauka a fim guda, Mr. India na 1987 wanda Shekhar Kapur ya ba da umarni, shi muka manna masa har ya koma ga Mahaliccinsa. A Indiya Mogambo suke cewa, sunan da tun 1953 wani fim na Amurka da aka ɗauka a Afirka ya riga ya yi amfani da shi. Harshenmu ya mai da shi Mugambo, kuma a ganina ba haka kawai ba: kunnen Bahaushe yana jin "mugu" a farkonsa, yana jin "Gambo" a ƙarshensa, sunan da muke ba wanda aka haifa bayan tagwaye. Baƙon suna ne da ya zo mana kamar ɗan gida.

Shi kansa mutumin bai shigo sana'ar da sauƙi ba. An haife shi a 1932 a Nawanshahr ta jihar Punjab. Yayyensa Chaman da Madan sun riga shi shiga fim, amma da ya je gwaji aka ƙi ɗaukarsa. Sai ya kama aiki a hukumar inshorar ma'aikata ta gwamnati, yana wasan daɓe a gefe, inda ya gyara muryar nan mai kauri. Ya kusa shekara 40 kafin ya samu shiga fim. Steven Spielberg ya ba shi matsayin Mola Ram a Indiana Jones na 1984, ya aske kansa ƙwal saboda wasan, daga nan ya ci gaba da zama da askin. Ya rasu ranar 12 ga Janairu 2005 a Mumbai, bayan fina-finai fiye da 400.

To, me za mu kira irin aikinsa? A Kano "bos" ne, a nan Nijar "shef bandi", wanda muka aro daga Faransanci, wato wanda akta zai kashe a ƙarshe. Duka biyun sun yi masa kaɗan. A Dilwale Dulhania Le Jayenge na 1995 uba ya fito, Baldev Singh, dattijo mai taurin kai da ya yi wa ƴarsa miji tun tana ƙarama bisa alkawarin abota. Babu iyayen da ba su san wannan rigimar ba tsakanin Tasawa da Maradi. Wanda ya sa ka tsane shi tsawon fim, sa'annan ya saki hannun ƴar a tashar jirgin ƙasa ka ji ƙwalla ta zo maka, ya wuce a ce masa bos. "Mataimakin jarumi" ma rage masa daraja ne, don sau da yawa shi ke riƙe da fim ɗin.

Muna da irinsa a gida. Mutane nawa ke cewa Usman Baba Pategi maimakon Samanja, ko Rabilu Musa maimakon Ibro? Su dai sun yi shekaru suna maimaita mutum ɗaya kafin sunan ya zauna. Amrish Puri sau ɗaya tak ya fito a matsayin Mugambo.