Janye ƙara ba wanke mutum ba ne

1/ Zare 🧵 Duk lokacin da aka ce "gwamnati ta janye ƙara", sai in ga ana ta barka-barka kamar magana ta ƙare. Jama'a, ba nan take ba. Bari in ba ku wani tarihi da ya faru a nan Kaduna.

2/ A Fabrairu da Mayun 1992 aka yi rikicin Zangon Kataf, wanda ya samo asali daga batun sauya wa kasuwa matsuguni. Na Mayu ya fantsamo har cikin garin Kaduna, aka rasa rayuka masu yawa. Tambayi manya a Kakuri ko Sabon Tasha, ba su manta ba.

3/ Gwamnatin Babangida ta kafa kotu ta musamman ƙarƙashin Mai Shari'a Benedict Okadigbo. Cikin waɗanda aka gurfanar akwai Manjo Janar Zamani Lekwot mai ritaya, tsohon gwamnan soja na Jihar Ribas. Tuhumar farko ta haramtaccen taro ce.

4/ A Agustan 1992 masu gabatar da ƙara suka janye tuhumar, kotu ta sallame su. Nan take aka sake kama su. Da Satumba ta kama, sai ga sabbin tuhume-tuhume, har da kisan kai.

5/ A Fabrairun 1993 aka yanke wa Lekwot da wasu hukuncin kisa, kuma dokar soja ta hana ɗaukaka ƙara. Daga baya aka sassauta zuwa ɗaurin shekara biyar. A 1995 Hukumar Kare Haƙƙin Ɗan Adam ta Afirka ta ce an tauye musu haƙƙin shari'ar adalci.

6/ Kowane ɓangare yana da nasa ciwon kan 1992, na sani. Ni maganar doka nake yi: ya aka yi janyewar ba ta kare su ba?

7/ Saboda sallama daban, wankewa daban. Tsarin mulkin 1999, sashe na 174 da na 211, ya ba Antoni Janar ikon dakatar da shari'ar laifi kafin hukunci, abin da lauyoyi ke kira nolle prosequi. Amma sashe na 36(9), mai hana sake gurfanar da mutum kan laifi ɗaya, wanda aka hukunta ko aka wanke yake karewa.

8/ A ƙarar da ba ta laifi ba, kamar rigimar fili, lokaci ne abin lura. Ka janye da wuri, yawanci soke ta ake yi, kana iya dawowa. Ka janye bayan shari'a ta yi nisa, ana iya korar ta, ƙofa ta rufe. Kotun Ƙoli ta bi wannan hanya a shari'ar Eronini da Ihuko, 1989.

9/ Don haka in an ce an janye ƙarar ɗan'uwanka, a karɓo takardar umarnin kotu a kai wa lauya. A tambaye shi: sallama ce ko wankewa? In kai ne mai janyewa saboda dattawa sun yi sulhu, a rubuta sharuɗɗan, kotu ta mayar da su hukunci tukunna.