Masu Gadin Tsofaffin Finafinai a Garin Jos

Duk wanda ya taɓa kallon fim ɗin tarihi a talabijin, ya ga Sardauna yana jawabi ko an nuno hawan daba na zamanin Turawa, da wuya ya tambayi kansa daga ina aka samo hoton. To akwai masu wannan aiki, sunayensu can ƙarshen fim suke fitowa, lokacin da kowa ya tashi.

Asalin irin waɗannan hotuna tun zamanin mulkin mallaka ne. A 1939 Ingila ta kafa Colonial Film Unit, kuma finafinai irin nata ne ake yawo da su gari-gari a motar majigi, wadda iyayenmu har yau suke ba da labarinta. A 1979 gwamnati ta kafa Nigerian Film Corporation, hedkwatarta nan Jos take, kuma a ƙarƙashinta ma'ajiyar finafinai ta ƙasa take, ita ma a garin nan. Zafi da laima su ne makasan fim, idan ya fara lalacewa sai ya riƙa warin tsami, ya motse, ya manne da juna, don haka sanyin Filato alheri ne gare shi.

Labarin fim ɗin Shaihu Umar ya isa misali. Adamu Halilu ya shirya shi a 1976 daga littafin marigayi Abubakar Tafawa Ɓalewa, da harshen Hausa. Shekara da shekaru ana ɗauka ya ɓata, sai a 2016 aka gano gwangwanayensa cikin tarin tsofaffin finafinan hukumar, bayan Didi Cheeka da abokan aikinsa sun shiga bincike. Cibiyar Arsenal ta birnin Balin a Jamus ta gyara shi, aka nuna shi a bikin finafinai na Balin a 2018. A 2019 kuma Jami'ar Jos ta fara digiri na biyu kan adana finafinai, tare da Jami'ar Goethe ta Jamus.

Aikin kansa na haƙuri ne. Sai an goge fim, an liƙe inda ya tsinke, a ɗauki hotunansa ɗaya bayan ɗaya zuwa kwamfuta, alhali daƙiƙa guda hoto 24 ce. Sannan a gano wane gari ne, wace shekara, su wane ne a ciki.

Abin ya shafe mu. Kakannin da yawanmu haƙar kuza da fatauci suka kawo su Jos, kuma duk wanda zai shirya fim a kan rayuwarsu sai ya bi ta hannun waɗannan mutane. Mai tsohon kaset na biki ko na Sallah a gida, don Allah kada ya zubar, ya sa a juye masa, ya rubuta shekara da sunayen mutanen ciki tun dattawan da suka san fuskokin suna raye. Allah ya sa mu dace.