Masu Kallo da Alƙalami: Tarihin Kyautar Ƴan Sharhin Fim

Ƴan uwana matasa, duk mai bin labarin silima ya san Oska, kyautar nan da ake rabawa kowace shekara a Amurka. Amma tun cikin watan Disamba, kafin a kai ga ranar Oska, akwai wasu ƙananan ƙungiyoyi da ke fara faɗin nasu zaɓi. Su ne ƙungiyoyin masu sharhin fim na birni-birni, wato ƴan jaridar da aikinsu shi ne su kalli fim su rubuta abin da suka gani. Tarihin biyu daga cikinsu nake so in ba ku, ta Niyok da ta Los Anjeles, don a ganina akwai abin da mu masu son rubutu za mu tsinta a ciki.

Bari in fara da Oska ɗin kanta. Hukumar da ke bada ita an kafa ta a 1927 bisa shawarar Louis B. Mayer, shugaban kamfanin MGM, aka yi rabon farko a 1929. Masu jefa ƙuri'a su ne ƴan sana'ar da kansu: masu shirya fim, daraktoci, ƴan wasa da marubuta. Kenan wanda ya tuƙa tuwon shi ke ɗanɗanawa ya ce ya yi daɗi. Bahaushe kuwa ya ce yabon kai jahilci.

A 1935 ƴan sharhin jaridun Niyok suka haɗa kai suka kafa tasu ƙungiya. Tun shekarar farko suka nuna idonsu daban yake. Oska ta tafi ga Mutiny on the Bounty, babban fim na MGM da aka zuba wa dukiya. Su kuwa suka zaɓi The Informer na John Ford, fim mai ƙaramin jari a kan wani mutumin Ailan da ya sayar da amininshi a kan fam 20.

Gwajin gaske ya zo a 1941. Wani saurayi mai shekara 25, Orson Welles, ya yi fim mai suna Citizen Kane, labarin wani attajiri mai jaridu. William Randolph Hearst, wanda ke riƙe da jaridu da yawa a Amurka, ya gane cewa da shi ake. Ya hana a ambaci fim ɗin a jaridunshi, gidajen silima da dama suka ji tsoron nuna shi, har wasu manyan Holiwud suka yi tayin biyan kamfanin RKO kuɗin da ya kashe don a lalata fim ɗin. A Oska an sa shi takara a fanni 9, ya samu ɗaya tak, na rubutun labari. Amma ƴan sharhin Niyok suka ce shi ne fim ɗin shekara. An ce ba a yabon ɗan kuturu sai ya shekara arba'in da yatsa. To wannan ya wuce arba'in: a ƙuri'ar da mujallar Sight and Sound ta Ingila ke yi duk shekara goma, shi ya yi ta zowa na ɗaya daga 1962 har 2002.

Kada ku ɗauka ina cewa ƴan sharhi waliyyai ne. Shekaru da yawa zaɓinsu da na Oska ɗaya ne, kamar Ben-Hur a 1959. Su ma suna da nasu son kai: ƙungiyar Niyok ta daɗe ba ta karɓar marubutan mujallu, sai na jaridu, shi ya sa a 1966 waɗanda aka rufe wa ƙofa suka kafa wata ƙungiya ta ƙasa baki ɗaya. Kuma ƙarfinsu duk a kan takarda yake. A 1962 ma'aikatan jaridun Niyok suka shiga yajin aiki na kwana 114, wannan shekarar ba a bada kyauta ba sam. In babu inda za ka rubuta, ra'ayinka hira ce kawai ta fada.

Labarin da ya fi burge ni daga Los Anjeles yake, inda aka kafa ƙungiyar ƴan sharhi a 1975. A 1985 darakta Terry Gilliam ya gama fim ɗinshi Brazil, wanda ke ba'a ga mulkin ofis da takardu. An nuna shi a Turai da tsawon minti 142, amma shugaban kamfanin Universal, Sid Sheinberg, ya ƙi sakin shi a Amurka. Ya ce ya yi tsawo, ƙarshenshi kuma ya yi baƙin ciki. Aka sa almakashi aka mai da shi minti 94 da ƙarshe mai daɗi. Gilliam ya sayi shafi guda a jaridar Variety yana tambayar yaushe za a saki fim ɗinshi, ya kuma riƙa nuna wa ƴan sharhi shi a ɓoye. A Disamba ƙungiyar Los Anjeles ta ba Brazil kyauta uku: ta fim, ta darakta da ta rubutu. Ku duba fa, fim ɗin da jama'ar garin ba su ma gani ba! Kunya ta kama kamfanin, kafin shekara ta fita aka saki na Gilliam mai minti 132.

Wani zai ce, to mu ina ruwanmu da rigimar Amurkawa? Ai irin wannan aiki ya taɓa mu kai tsaye. Umaru Ganda, wanda aka sa wa gidan raya al'adu na Yamai sunanshi, an haife shi a 1935. Ya yi soja a yaƙin Indoshin, ya yi dako a tashar jirgin ruwa ta Abijan, can Jean Rouch ya sa shi a fim ɗin Moi, un noir, wanda ya ci kyautar Louis Delluc ta 1958, kyautar da galibin alƙalanta ƴan sharhi ne. Da Ganda ya yi nashi fim na farko, Cabascabo, labarin tsohon soja da ya dawo gida abokai suka taya shi cinye kuɗinshi, su wa suka buɗe mashi ƙofa? Ƙungiyar ƴan sharhin Faransa ce, wadda tun 1962 take da mako nata a bikin Cannes don finafinan sabbin daraktoci. Ta zaɓe shi a 1969, kamar yadda ta zaɓi La Noire de… na Usman Sembene a 1966. Shekara uku bayan haka, a 1972, Ganda ya ɗauki babbar kyautar FESPACO a Wagadugu da Le Wazzou polygame, shi ne mutum na farko da ya same ta. Ƴan sharhin Afirka su ma sun kafa tarayyarsu a 2004.

Yau muna kwana muna kallon finafinan Kano da na gida a waya da tele. Muna musu a kansu a bakin shayi har dare ya raba, amma gari na wayewa maganar ta bi iska. Yabon da ya rage shi ne na masu fim ɗin da magoya bayansu. Shi ya sa nake ba ƙungiyarmu shawara: a ƙarshen kowace shekara mu zauna, ƴan Maraɗi, Damagaram, Tawa da Yamai, mu zaɓi fim ɗin Hausa da ya fi. Sharuɗɗa uku sun isa. Wanda ke da hannu a fim ba zai yi zaɓe ba. Ba za mu karɓi ko dala daga mai fim ba. Kuma kowa zai rubuta dalilinshi a shafi guda, ya sa sunanshi a ƙasa, mu buga a wannan ɗan littafi namu.