Nutson Lu'ulu'u a Tekun Fasha da Iyakar Numfashin Ɗan Adam

Ibn Battuta, matafiyin nan na ƙarni na 14 wanda ya ambaci Gobir a cikin littafinsa na Rihla, ya bayyana yadda ya ga ana nutson lu'ulu'u tsakanin Siraf da Baharen. Ya faɗi cewa mai nutso yakan maƙale hancinsa da wani abu da aka sassaƙa daga ƙoƙon kififiya, ya ɗaura igiya a ƙugu, sa'an nan ya nutse. Duk wannan haka yake. Inda malamin ya zarce shi ne da ya ce wasunsu sukan yi sa'a ɗaya ko biyu a ƙarƙashin ruwa. Jikin ɗan Adam bai iya wannan. Ko Bafaranshen nan Stéphane Mifsud, da ya kafa tarihi a 2009, minti 11 da daƙiƙa 35 ya yi, kuma yana kwance ne a ruwa ba motsi.

Abin da aka tabbatar shi ne nutso ɗaya bai cika wuce minti ɗaya zuwa ɗaya da rabi ba, kuma a kan wannan ɗan lokaci aka gina dukkan tsarin aikin jirgi. Dutse ake rataya wa mai nutso a ƙafa don ya isa ƙasa da sauri, kada ya ɓata numfashi wajen iyo. Ya tsinci kawa ya zuba a kwandon da ke wuyansa, ya girgiza igiya, abokin aikinsa da ke bisa, watau saib, ya jawo shi. Ran wannan yana hannun wancan. Haka za a wuni ana yi, wata huɗu cur, daga Yuni zuwa Satumba. Lorimar, jami'in Ingila, ya ƙiyasta cewa wajen 1907 jirage kimanin 4,500 da mutum 74,000 ke wannan sana'a, da yawansu bayi ne ko 'ya'yan bayi daga gabashin Afirka.

Jiki yana da tasa dabara. Da ruwa ya taɓa fuska aka riƙe numfashi, bugun zuciya yakan ragu, jijiyoyin jini na hannu da ƙafa su tsuke, jini ya koma ga zuciya da ƙwaƙwalwa, saifa kuma ta matso jinin da ta ajiye. Amma akwai yaudara a ciki. Ƙuncin da ke tilasta wa mutum ya shaƙi iska daga taruwar iskar kabon a jini yake zuwa, ƙarancin oksijin ba ya yin sallama. A zurfin mita 10 nauyin ruwa yakan matse iskar huhu ta koma rabi, don haka oksijin ɗin da ya rage yakan ci gaba da shiga jini kamar babu laifi. Sai an taso, matsin ya saki, ya faɗi warwas, mutum ya suma dab da bakin ruwa. In aka yi minti 4 zuwa 6 ba a ceto shi ba, ƙwaƙwalwa ta fara lalacewa. Wanda ya tsira daga wannan, fashewar dodon kunne da ciwon ido suna jiransa, ga bashin mai jirgi, nakhoda, wanda ɗa kan gada daga uba.

Sana'ar ta durƙushe bayan da lu'ulu'un kiwo na Mikimoto, mutumin Japan, ya cika kasuwa a shekarun 1920, tattalin arzikin duniya ya karye a 1929, aka kuma sami man fetur a Baharen a 1932.